Sharhi: wa ke yanka farashi a kasuwa?

Masu sauraro assalamu alaikum, barkanmu da war haka. Yau sharhin namu kan wani darasi ne da ake koya wa ɗaliban tattalin arziki tun shekarar farko a jami'a, wato ire-iren kasuwa, kuma in ka duba da kyau abu biyu ake kallo, mutum nawa ke sayar da kayan, sannan in wani sabo yana so ya shigo, ƙofa a buɗe take ko a garƙame.

Ka je Dawanau a Kano ka shiga layin masara. Masu buhu ba sa ƙirguwa, masarar wannan ita ce ta wancan, in ɗaya ya ce sai ka ƙara dubu biyu gaba kawai za ka yi, taku uku ka samu wani. Shi ya sa za ka ji ɗan kasuwa na cewa "Alhaji haka kasuwa ta kama yau", kuma gaskiyarsa, ba shi ya yanka ba. Wannan ita ta fi kusa da abin da malamai ke kira cikakkiyar gasa, ko da yake ran da masu ɓoye kaya a sito suka shigo lissafin allo yakan goce.

Mai tsire da mai shayi su ma suna da yawa amma kowa da hannunsa, yajin wane ba irin na wane ba ne, to yana iya ɗan ƙara kuɗi kwastoma bai gudu ba. Kaɗan fa.

Sai babakere, mai sayarwa ɗaya tal. Manya za su tuna zamanin NITEL, kamfanin tarho na gwamnati, lokacin da samun layin tarho a gida sai mai uwa a gindin murhu, ka cike fom ka yi ta jira, ya lalace ka yi ta roƙo a zo gyara, don ba inda za ka. A 2001 aka yi gwanjon lasisin GSM, wato wayar salula, kowanne dala miliyan 285, MTN da Econet suka fara aiki a watan Agusta. An samu waya kam amma da tsada, sim kaɗai dubban nairori, kuma ko daƙiƙa goma ka yi ana cirar maka kuɗin minti cur. Da Glo ya shigo a 2003 da lissafin daƙiƙa-daƙiƙa, ba a jima ba sauran suka bi sahu. Ba tausayi ne ya kama su ba, tsoron kar kwastoma ya tsallaka ne.

To wannan ita ce kasuwar 'yan tsiraru, kowa na kallon hannun ɗan uwansa kafin ya motsa. Siminti ma haka, Dangote da BUA da Lafarge, ga masana'antunsu nan a Obajana da Kalambaina da Ashaka, kuma kar ka ce me ya sa wasu ba sa shiga, masana'antar siminti ba tebur ɗin shayi ba ce, sai da dutsen haƙa da wuta da jari mai ɗimbin yawa. Haɗarin dai shi ne mutum uku sun fi mutum dubu sauƙin haɗa baki, shi ya sa aka kafa hukumar FCCPC mai kula da gasa da kare haƙƙin masu saye ta riƙa sa ido, ni a ganina nan ya kamata ta fi tarewa, ba wajen mai mudu ba.

Wutar lantarki kuwa ko da aka sayar da ita a 2013 aka raba wa kamfanonin rarrabawa 11, kowanne yankinsa aka yanka masa shi kaɗai. A 2013 ɗin ne aka fara barin mutum ya canja kamfanin waya da lambarsa, amma mutumin Kano ba zai ce yau kamfanin wutar Kaduna yake so ba, in ya gaji sai dai ya sayi sola ko ya tada janareta.