Jajayen Duwatsun Hamada: Dalilin da Ya Sa Ake Zuwa Kallonsu Cikin Ƙaramin Ayari

Assalamu alaikum, masu kallonmu na Birnin Kebbi, Argungu, Jega, Gusau da sauran garuruwa, barkanmu da sake haɗuwa. Hotunan da ke wucewa a gabanku an ɗauko su ne daga wurare uku masu nisa da juna, wato kudu maso yammacin Amurka, da kudancin Jodan, da arewa maso yammacin Saudiyya. Abu biyu ne ya haɗa su. Duwatsun duk jajaye ne, kuma mutanen da ke zagayawa a ƙarƙashinsu ba su da yawa, sannan a gaban kowace tawaga akwai mutum guda da ke nuni da hannu yana bayani. Shirinmu na yau zai fayyace abin da ya sa yawon kallon waɗannan duwatsu ya ɗauki wannan tsari, domin wanda bai sani ba zai ɗauka dabara ce kawai ta tatsar kuɗin baƙi.

Mu fara da launin, wanda bai kamata ya zama baƙo ga mutumin Kabi ba. Duk wanda ya bi hanya tsakanin Birnin Kebbi da Gwandu ko Argungu ya ga tsaunukan nan masu shimfiɗaɗɗen kai, waɗanda marmara ta rufe samansu. Abin da ya rina marmarar nan shi ne ya rina duwatsun jihar Arizona ta Amurka da na Wadi Rum ta kudancin Jodan: sinadarin ƙarfe da ke cikin ƙasa, wanda idan ya haɗu da iska da danshi yake yin tsatsa. Kowace ƙwayar yashi da ke jikin dutsen tana ɗauke da siririn rufi na wannan tsatsa, kuma ɗan kaɗan ɗinsa ya isa ya rina tsauni guda. Inda ruwan ƙarƙashin ƙasa ya ratsa ya wanke ƙarfen, sai dutsen ya koma fari ko ruwan ɗorawa, shi ya sa kuke ganin zane-zanen nan layi bisa layi a jikin bangon. Dutsen Kwatarkwashi na Zamfara kuwa ba danginsu ba ne, domin shi narkakken dutse ne da ya daskare a cikin ƙasa, ya fi su tauri nesa ba kusa ba.

Su waɗannan jajayen yashi ne da ya dunƙule. Masana ilimin ƙasa sun ƙiyasta cewa dutsen yashin da ya mamaye kudancin jihar Yuta da arewacin Arizona tuddan rairayi ne na wata tsohuwar hamada, kimanin shekara miliyan 190 da suka wuce, waɗanda nauyin abin da ya taru a kansu ya matse su har suka zama dutse. Da yake bai da taurin gaske, ruwa da iska da ƙanƙarar hunturu suna sassaƙa shi a hankali. A gandun Arches da ke Yuta kaɗai an ƙirga bakan dutse fiye da 2,000 da suka samu ta wannan hanya. Wannan laushin ne ya ba wuraren kyansu, kuma daga gare shi yawancin haɗarinsu ya fito.

Ga yadda tafiyar take kasancewa. Da sassafe ko da la'asar sakaliya, lokacin da hasken rana ke faɗowa a karkace ya fito da jan dutsen sosai, mota mai jan taya huɗu za ta ɗauki mutum shida ko takwas, wani lokaci ƙaramar bas ta ɗauki goma sha wani abu. A garin Sedona na Arizona, inda kamfanin Pink Jeep Tours ya fara wannan sana'a tun 1960, jif ce buɗaɗɗiya ke hawa kan falalen dutse. A Wadi Rum kuwa a-kori-kura ce da aka kafa wa benci biyu a baya, aka yi mata rumfa, Balaraben Badawi na tuƙi. Direban galibi shi ne ɗan jagora. Shi ya san inda yashi ke cin mota, shi ke rage iskar taya kafin a shiga rairayi mai zurfi, shi ke ƙirga kawuna duk inda aka tsaya kafin a tashi. Kakanninmu fatake sun san darajar irin wannan mutum, tunda su suka ce madugu uban tafiya.

Dalili na farko, kuma mafi nauyi, shi ne ruwa, duk da cewa maganar hamada ake yi. Ku dubi wannan wuri da kyau. Sunansa Antelope Canyon, kusa da garin Page a Arizona. Kwazazzabo ne da ambaliya ta haƙa a cikin dutsen yashi, bangonsa ya kai tsayin mita 30 da wani abu, amma a wasu wurare faɗinsa bai wuce mutum ɗaya ya ratsa a karkace ba. Da tsakar rana a watannin zafi haske na saukowa ta tsagar sama tamkar an dasa ginshiƙi, ɗan jagora ya ɗebi yashi ya watsa cikinsa domin ya fito a hoto. Dutse ba ya shan ruwa kamar ƙasar noma, saboda haka duk ruwan da ya sauka a faɗin yankin yana gangarowa ne ya taru a wannan matsattsiyar hanya.

Ranar 12 ga Agusta, 1997, wasu 'yan yawon buɗe ido suna cikin ɓangaren ƙasa na kwazazzabon. A inda suke ruwa bai yi wani abin kirki ba, amma hadari ya zubar da ruwa mai yawa a wani wuri mai nisan kilomita 11 daga sama. Ruwan ya iso musu gaba ɗaya, haɗe da laka da duwatsu da itatuwa, ya kwashe tsanin katakon da ake fita da shi. Mutum 11 suka rasu, bakwai daga cikinsu Faransawa, ɗan jagoransu ne kaɗai ya tsira da rai. Wannan ya nuna cewa kasancewar ɗan jagora shi kaɗai bai isa ba idan babu tsari a bayansa. Bayan abin da ya faru an kafa tsanin ƙarfe da aka ɗaure a jikin dutse, an sa jiniyar gargaɗi, ana bin rahoton yanayi, kuma ana rufe wurin da zarar hadari ya haɗu a ko'ina cikin yankin, ko da sararin sama garau yake a bakin ƙofa. Yawan mutane ma a nan yake shigowa, domin fitar da mutum goma ta tsani guda cikin gaggawa abu ne mai yiwuwa, fitar da mutum hamsin kuwa wani lamari ne daban.

Dalili na biyu shi ne ƙasar tana da masu ita. Antelope Canyon na cikin ƙasar ƙabilar Nabaho, ɗaya daga cikin al'ummomin da Turawa suka tarar a Amurka, kuma tun 1997 ba a shigarsa sai tare da ɗan jagora mai izininsu. Haka abin yake a Monument Valley, a kan iyakar Arizona da Yuta, inda wasu tsaunuka ke miƙewa sama kusan mita 300 daga tsakiyar fili. Baƙo na iya bin hanyar ƙasa mai tsawon kilomita 27 da motarsa, amma duk abin da ke bayan wannan hanya sai da ɗan Nabaho, saboda akwai iyalai da ke zaune a can da tumakinsu, akwai kuma wuraren da suke girmamawa. A Ostireliya ma, al'ummar Anangu masu dutsen Uluru sun daɗe suna roƙon baƙi su daina hawansa, har aka haramta hawan a watan Oktoba na 2019. A ganina wannan ne ɓangaren tsarin da ya fi dacewa, domin kuɗin baƙo na shiga hannun mutanen wurin, kuma labarin ƙasar na fitowa daga bakin wanda aka haifa a cikinta.

Akwai kuma ƙasar da ake takawa. A hamadar Yuta za ku ga wani baƙin ɓawo mai gurzau-gurzau a saman yashi. Ɓawon nan yana da rai, ƙananan halittu ne da gansakuka suka saƙa shi, kuma shi ke riƙe yashin kada iska ta kwashe. Sawun ƙafa ɗaya na iya fasa abin da zai ɗauki shekaru masu yawa kafin ya farfaɗo. A wurin da ake kira The Wave, kusa da iyakar Arizona da Yuta, mutum 64 kacal ake bari su shiga a rana, kuma ta hanyar ƙuri'a ake zaɓarsu.

Sai zafi. Na san mai kallo da ya saba da watan Afrilun Birnin Kebbi zai yi murmushi a nan, amma sabo da zafin gari bai zama kariya ga mai tafiya a ƙasa kan dutsen da ya sha rana, ba inuwa, ba rijiya, ba mai sayar da ruwa a gefen hanya. Hukumar gandun Arches na ba da shawarar kowane mutum ya sha aƙalla lita 4 a rana, wato ruwan leda takwas. Iskar wurin busasshiya ce, gumi na bushewa tun bai zubo ba, mutum ba ya ankara da yawan ruwan da jikinsa ya rasa sai jiri ya kama shi. Ɗan jagoran da ke kula da mutum takwas zai lura da wanda ya fara jan ƙafa ko ya daina magana. Da dare kuma lamarin juyawa yake yi, domin Monument Valley na bisa tudu mai tsayin fiye da mita 1,500 daga teku, a Wadi Rum ma sanyin daren hunturu ya fi na hunturunmu tsanani.

Wadi Rum ta shiga jerin wuraren tarihi na hukumar UNESCO a 2011, kuma an ƙirga zane kusan 25,000 da rubutu kusan 20,000 a jikin duwatsunta, waɗanda baƙo zai wuce su bai gani ba idan ba a nuna masa ba. Amma wurin da ya fi kusa da hanyar mutanenmu shi ne Al-Ula a Saudiyya, fiye da kilomita 300 arewa da Madina. A nan Hijr take, wadda ake kira Mada'in Salih, wuri na farko a Saudiyya da UNESCO ta sa a jerinta, a 2008. Akwai manyan kaburbura 111 da aka sassaƙa a jikin dutsen yashi, 94 daga cikinsu da ado a fuskarsu, kuma masu binciken tarihi sun danganta su ga Nabatiyawa, mutanen da suka gina Petra a Jodan, kimanin shekara 2,000 da suka wuce. Ana shiga ne da tikiti, a motar masu kula da wurin, tare da mai bayani da suke kira rawi. Sai dai ga Musulmi akwai abin da ya wuce kallo, domin wannan yanki ne ake dangantawa da Samudawa, mutanen Annabi Salihu, kuma ya tabbata a Bukhari da Muslim cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, da ya ratsa Hijr a hanyar Tabuka ya hana sahabbai shiga gidajen waɗanda aka yi wa azaba sai dai suna masu kuka. Wanda zai ƙara wannan ziyara a kan Umrarsa ya kamata ya fara zama da malaminsa, kuma ya tabbatar irin bizar da ke hannunsa ta ba shi damar zuwa.

Ba ko'ina ne ke buƙatar ɗan jagora ba. Gandun Arches na da kwalta da alamomi, mai mota na iya zagayawa da kansa, kuma ƙaramin ayari ya fi doguwar bas tsada a kan kowane mutum. Inda kuɗin ke biyan kansa shi ne wurin da doka ta wajabta, ko inda hanya ba ta da alama, ko inda ambaliya ke iya rutsawa da mutum. Kafin ku biya, ku tambayi adadin mutanen da za a haɗa ku da su, ku tambaya ko kuɗin shiga na cikin farashin, domin a ƙasar Nabaho akwai kuɗin izini na daban, sannan ku ji abin da zai faru da kuɗinku idan aka soke tafiya saboda hadari. Ku faɗa musu tun da wuri cewa za ku tsaya yin salla, kuma ku bayyana abin da ba ku ci. A Amurka an saba ba ɗan jagora tukuici a ƙarshen tafiya, sai a tanade shi.

Abu na ƙarshe shi ne agogo, wanda ke sa baƙi da yawa rasa motarsu. Jihar Arizona ba ta ƙara awa ɗaya a agogo a watannin zafi kamar yadda yawancin Amurka ke yi, amma ƙasar Nabaho da ke cikinta tana ƙarawa, daga Maris zuwa farkon Nuwamba. Masu kai mutane Antelope Canyon suna aiki da agogon garin Page, su kuwa na Monument Valley suna gaba da awa guda, kuma wayar hannu na iya sauya lokaci da kanta a tsakanin wuraren biyu ba tare da mai ita ya sani ba. Saboda haka idan aka ce muku ƙarfe tara, ku tambaya ko ta Page ce ko ta Nabaho.