Laifin Rana Ne, Ko Laifin Abin Da Muka Sha Muka Shafa?

Wani likitan fata ne ya gabatar da wannan lacca a Birnin Kebbi, a zaman da aka yi da masu shagunan magani da ma'aikatan lafiya na karkara. An rubuto ta daga faifan da aka naɗa, maimaici kawai aka rage.

Assalamu alaikum. Ranka ya daɗe shugaban taro, iyayena maza da mata, abokan aiki, barkanmu da war haka. Na ga waɗanda suka taso tun daga Argungu da Jega da Bunza cikin wannan zafi na bazara, Allah ya saka da alheri.

Zan fara da wata yarinya 'yar shekara biyu da kakarta ta kawo mini. A damtsenta da haƙarƙarinta akwai baƙin tabo mai kama da shatin yatsu. Wurin ya fara yin bororo, ya fashe, sannan ya yi baƙi. Kafin su iso gare ni gida ya riga ya kama da wuta: wasu sun ce abokiyar zaman uwar ce ta ƙona ta, wasu sun ce shafar aljanu ce. Na sa aka kira uwar, na ce, "Baiwar Allah, kwana biyu kafin bororon nan me kika yi?" Ta ce sana'arta zoɓo da lamurje, ranar ta matse lemun tsami mai yawa a tsakar gida, yarinya ta yi kuka ta ɗauke ta, sannan ta zaunar da ita ba riga ta ci gaba da aiki. Na ce ta ɗora hannunta kan tabon. Yatsa ya hau kan yatsa. Ita ma bayan hannunta akwai ɗigo-ɗigon baƙi da ba ta kula da su ba. Jama'a, aure ya kusa mutuwa a kan lemun tsami, kuma har yau abin yana taɓa mini zuciya.

Cikin lemun tsami, musamman ɓawonsa, akwai sinadarai da ake kira soralin. Idan suka taɓa fata a ɗaki ba sa yin komai. Ita ma rana ita kaɗai ba za ta yi wannan ɓarna ba. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Sai sun haɗu. Cikin hasken rana akwai wani kashi da ido ba ya gani, ultrabayolet, kuma nau'insa da ake kira UVA shi ke tayar da sinadarin ya lalata ƙwayoyin fata. Ba nan take abin ke fitowa ba. Sai bayan kwana ɗaya zafi zai fara, ya kai maƙura a kwana na biyu ko na uku, lokacin mutum ya manta ya taɓa lemu. Baƙin tabon kuwa yakan yi makonni, wani lokaci watanni. Mutanen Masar sun san wannan ƙarfi tun zamanin da: suna shafa wata ciyawa ta gaɓar kogin Nilu a fatar da ta yi fari dabbare-dabbare, su zauna a rana don launi ya dawo. A shekarun 1940 masana a Alƙahira suka ware sinadarin daga ciyawar, kuma har yanzu likitoci na amfani da shi, amma da awo. Ƙannenmu mata da ke goga lemun tsami a fuska don ta yi haske, ko su kwaɓa lalle da shi su zauna a rana ya kama, ba su da wannan awo.

To, wannan ƙuna ce irin ta guba. Kowa zai iya samunta, tun karon farko, in dai sinadarin ya yi yawa rana kuma ta yi yawa. Akwai ta biyu, wadda ita ce ainihin borin jiki. A nan rana ce ke sauya siffar sinadarin, sai garkuwar jikin wani mutum ta ɗauke shi a matsayin abokin gaba ta riƙe shi a rai. Karon farko shiru. Karo na gaba, ko ɗan kaɗan ya shafa ya shiga rana, bayan kwana ɗaya zuwa uku sai ƙaiƙayi mai tsanani da ƙananan ƙuraje masu ruwa, har su bazu zuwa inda riga ta rufe. Ba kowa take kamawa ba, shi ya sa za ka ji mutum yana cewa, "Ai ni da matata muke shafa man nan, ita ba abin da ya same ta." Gaskiya ya faɗa, kuma duk da haka man ne.

Wannan ta biyun galibi daga abin shafawa take zuwa. Wajen 1960 a Ingila an zuba wani sinadarin kashe ƙwayoyin cuta cikin sabulun wanka, dubban mutane suka kamu kafin a gano a cire shi. Wani sinadarin ƙamshi mai kwaikwayon miski, da ake sawa a turaren maza na bayan aski, shi ma ya yi irin wannan ɓarna har Turai ta hana shi. Yau babban mai laifi shi ne man zafi na shafawa a gaɓɓai mai ɗauke da ketofirofen. A 2010 hukumar magunguna ta Turai ta ce kada a sayar da shi sai da takardar likita, kuma wanda ya shafa ya rufe wurin daga rana har mako biyu bayan ya daina. Mu kuwa a nan, manomi zai shafa a gwiwa da asuba, ya naɗe wando ya shiga fadamar shinkafa har azahar. Sai man ƙaiƙayi na Phenergan: mutum ya zo da ƙaiƙayi a ba shi, ya shafa ya fita rana, ƙaiƙayin ya ninka, ya dawo a ƙara masa wani. Turare mai man ɓawon lemu kuma yakan bar baƙin zane a wuya, daidai inda ya gangaro.

Yanzu bari in zo kan kantocinku, don nan ne zuciyar maganata. Kafson nan ja da yalo, wato tetirasaikilin, da ɗan'uwansa dokisisaikilin, sifuro da ake bayarwa don taifot, Septrin, firoksikam da leburori da 'yan acaba ke sha don ciwon jiki, girisiyofulbin na makero, da magungunan hawan jini masu sa fitsari irin su Moduretic. Duk suna iya sa fata ta kasa jure rana. Dokisisaikilin har farce yakan ɗaga daga nama. Ku dubi su wa ke sayen waɗannan: mai noman rani, masunci da ke wuni cikin kwalekwale ruwa na dawo masa da haske, mai talla, makiyayi. Ba mutanen ofis ba ne. Za a ce baƙar fata ba ta ƙonewa. Launinmu garkuwa ne, alhamdu lillahi, amma garkuwa ce mai iyaka. Abin da ke ɓatar da mu shi ne jan da littattafan Turawa ke kwatantawa ba ya fitowa sosai a jikinmu. Mu abin da za ka gani shi ne wuri ya ƙara duhu, ya kumbura, yana raɗaɗi, daga baya ya yi saɓa.

Yaya za ka gane? Ka bi sawun rana a jikin mutum. Goshi, karan hanci, kumatu, ƙeya, gaban wuya daidai yankan riga, bayan hannu, saman ƙafa tsakanin igiyoyin silifa. Sannan ka duba inda inuwa take: ƙarƙashin haɓa, bayan kunne, fatar ido ta sama, ƙarƙashin agogo, inda hula ta zauna. In can ciwo ne nan kuwa lafiya lau, to ruwa ba ya tsami banza. Ka zaunar da shi ka tambaya: me ka sha cikin makonnin nan, me ka shafa, me ka taɓa? Ka tambayi har na gargajiya da turare da sabulu, domin mutane ba sa lissafa su cikin magani.

Makiyaya ma sun san wani abu mai kama da wannan. Tumakin da suka ci tsaida da yawa hantarsu kan taɓu, sai farin wuri a fuska da kunne ya kumbura ya saluɓe idan rana ta buga, baƙin wurin kuwa ya tsira.

Abin yi ba shi da tsada. In abin shafawa ne, a daina, a wanke da sabulu. Wanda ya matse lemu ya wanke hannu kafin ya fita ko ya ɗauki yaro. In magani ne na kwana biyar ko bakwai, mutum ya sa riga mai dogon hannu da malafa, ya kauce wa rana daga hantsi zuwa la'asar gwargwadon iko. Kada ya dogara da hazo ko gajimare ko gilashin gefen mota, UVA na ratsa su. Amma ina roƙonku don Allah, kada ku ce wa dattijo ya ajiye maganin hawan jini da kansa. Ku tura shi wurin likita a sauya masa, don ƙaiƙayi bai kai shanyewar ɓarin jiki ba. Wanda kuwa ya sha Septrin ya zo da zazzaɓi, baki ya yi gyambo, ido ya yi ja, fata na saluɓewa, wannan wani ciwo ne daban mai kisa. Ya daina shan maganin, a kai shi asibiti a ranar.

A nan wata ungozoma ta ɗaga hannu ta ce, "Likita, man bilicin fa? Kuma man kariya daga rana yana da amfani gare mu?"

Hajiya, na gode. Man bilicin yana rage launin da ke kare fata ne, sai rana ta samu ƙofa. Mai ɗauke da haidirokwinon, in aka daɗe ana shafawa ana shiga rana, yakan bar baƙi mai shuɗi-shuɗi a kan kumatu wanda ke da wuyar fita ƙwarai. Man kariya kuwa yana da amfani, musamman ga 'yan'uwanmu zabiya. Sai dai wani sinadarinsa, oksibenzon, shi kansa yana cikin masu tayar da borin da na faɗa. Wanda fatarsa ke da saurin fushi ya nemi mai ɗauke da sinadarin zink, wanda ke barin ɗan fari-fari a fuska. Na san kuɗinsa ya fi ƙarfin mafi yawan masu zuwa wurinki, Hajiya. Wadda ba ta da hali ki ce ta ja mayafi mai kauri ya rufe kumatu, ta kuma kawo miki kwalbar man da take shafawa ki karanta abin da ke ciki.