Sloppy joe: burodi da nikakken nama na Amurkawa cikin minti 30

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da warhaka. Abincin yau ba irin wanda za ki yini a kicin ba ne, irin na ranar Talata ko Laraba ne, kin dawo aiki a gajiye, yara sai zagaye ki suke Mama yunwa Mama yunwa, ke kuma ko ƙarfin ɗora tukunyar shinkafa babu. Sunansa sloppy joe, abincin Amurkawa ne. Nikakken naman sa ne a cikin wata miyar tumatir mai kauri sosai, a ɗebo a zuba a tsakiyar burodi irin mai zagayen nan na boga. Minti 30 kin gama, in hannunki na da sauri ma ba zai kai ba.

Ni yarana ne suka sa na koye shi. A nan Amurka yana cikin abincin da aka saba dafa wa yara a makaranta da rana, toh su kuma nawa ba sa ci tunda naman ba halal ba ne, sai dai su zauna suna kallon abokansu suna ci yana zuba musu a riga, su dawo gida su ishe ni da labari. Ranar da na fara yi na ɗanɗana wallahi sai da na yatsine fuska, zaƙi kamar an zuba alewa a miya. Sai da na yi sau uku ko huɗu kafin na gano yadda zan daidaita shi da harshenmu ba tare da ya tashi daga sunansa ba, shi ne zan nuna muku yanzu.

Shi sunan ma kansa ya gaya miki halinsa. Kalmar sloppy a Turanci abu ne mai caɓewa, caɓa-caɓa, Joe kuma sunan mutum ne. Labari biyu ake bayarwa a kan asalinsa. Wasu sun ce a garin Sioux City ne a jihar Iowa wajen shekarun 1930, wani kuku mai suna Joe ya ƙara miyar tumatir a kan soyayyen nikakken naman da dama can mutanen yankin ke ci a burodi. Wasu kuma suna kai shi har Havana a ƙasar Kuba, inda aka yi wata shahararriyar mashaya mai suna Sloppy Joe's. Abin da ya shigar da shi kowane gida kuwa shi ne a 1969 kamfanin Hunt's ya fito da miyar a gwangwani da sunan Manwich, ki soya nama ki juye gwangwani shikenan. Har yau ana sayar da ita, amma gaskiya ta gida ta fi ta nesa ba kusa ba, kuma ke ce mai iko da sukarinki da gishirinki.

Toh ga abin da ke gabana. Nikakken naman sa rabin kilo, a nan fam ɗaya ake saya wanda ya ɗan gaza rabin kilo kaɗan, duk ɗaya ne. Ki nemi mai ɗan kitse, a nan za ki ga an rubuta 80/20 a jikin ledar, wato kashi 20 cikin 100 kitse ne. In a gida kike ki ce wa mahauci ya haɗa miki da ɗan kitse kafin a niƙa, tsoka zalla tana bushewa ta zama kamar tsakuwa a baki. Sai albasa babba guda 1, koren tattasai 1, tafarnuwa ƙwaya 3, tumatirin gwangwani ko na leda cokali 2, kecap rabin kofi, wannan jan na kwalba da ake ci da soyayyen dankali, mastad, wato mustard, wannan mai ruwan ɗorawa na kwalba, ƙaramin cokali 1, sukari, gishiri, masoro, ruwa rabin kofi. Da kuma wani baƙin ruwan ɗanɗano na kwalba, a jikin kwalbar za ki ga an rubuta Worcestershire sauce.

Ita wannan in kika ga yadda ake rubuta sunanta sai kanki ya yi ciwo, amma a taƙaice Wusta kawai ake ce mata, sunan wani gari ne a Ingila, kamfanin Lea & Perrins ne ya fara sayar da ita a 1837. Abin da ya ba ni dariya ranar da na juya kwalbar na karanta abin da ke ciki, ashe da tsamiya a ciki, tsamiyarmu ta kunu, da ruwan khal da wasu ƙananan kifaye da albasa da tafarnuwa. Saboda haka in ba ki samu ba kada ki fasa girki, ki jiƙa 'yar tsamiya a ruwan ɗumi ki tace cokali 1, ki haɗa da dunƙule guda, zai kai ki kusa sosai. Mai matsala da cin kifi ma gara ya bi wannan hanyar.

Mu je kan wuta. Kasko mai faɗi nake so, ba tukunya mai zurfi ba, don ruwa ya samu hanyar ficewa. Ki bar shi ya yi zafi sosai tukuna, ɗan mai cokali 1, sai ki zuba naman ki baza shi ya rufe kaskon. Yanzu dan Allah ki cire hannunki. Na san hannu na ƙaiƙayi, mun saba da juye-juye, amma ki ba shi minti 3 ko 4 ba ki taɓa ba. Kun ji wannan ƙarar? Ita ake nema. In kika fara juyawa tun yanzu naman zai saki ruwa ya koma dahuwa a cikin ruwan kansa, ya yi fari-fari kamar toka, ƙamshin nan na gashi ba zai taɓa fitowa ba. Ku dubi ƙasan nan da na ɗaga, ya yi ja ya ɗan kama, nan ne rabin daɗin abincin yake. Sai yanzu za ki sa cokalin katako ki farfasa shi ƙanana ƙanana, kada ki bar manyan curi, so ake kowane ɗan gutsure ya sha miya.

Wani abu kuma da ba a wasa da shi, nikakken nama dole ya dahu har ciki. Tsokar da ba a niƙa ba ƙwayoyin cuta a bayanta suke, wuta na taɓa su sun mutu, amma da an niƙa an cakuɗa su ko'ina. Hukumar noma ta Amurka ma'aunin da ta bayar shi ne zafin cikin naman ya kai digiri 71 a ma'aunin Salshiyos. A wannan girkin ba abin damuwa ba ne tunda zai ƙara dahuwa a miya, ki dai tabbata babu sauran ja.

In kitse ya taru da yawa ki karkata kaskon ki kwashe da cokali, ki bar kamar cokali 1 ko 2 a ciki. Kada ki zuba shi a sink, daskarewa yake ya toshe bututu, ki zuba a wani gwangwani. Sai albasa da koren tattasai, na yanka su ƙanana sosai saboda ƙaramin ɗana in ya hango kore a abinci an gama magana. Minti 4 zuwa 5 har albasar ta yi laushi. Tafarnuwa daga baya take shiga, rabin minti ya ishe ta, tana ƙonewa ɗaci take.

A nan ne nake saka abin da Ba'amurke ba zai saka ba, attarugu rabi. Ba dole ba ne, amma ni abinci ba ɗan yaji sai in ji kamar ban ci ba.

Yanzu ki buɗe fili a tsakiyar kaskon ki sa tumatirin gwangwanin ya taɓa ƙarfen kai tsaye, ki soya shi minti 1 zuwa 2 har ya ƙara duhu. Wannan mu ba sai an koya mana ba, duk mai miyar dage-dage ta san ɗanyen tumatir gafi gare shi. Sai kecap, mastad, Wusta babban cokali 1, ruwa rabin kofi, ki kankare duk abin da ya kama a ƙasan kaskon ya narke a ciki. Gishiri kaɗan tukuna, don kecap da Wusta duk da gishirinsu suka zo.

Maganar sukari. Yawancin Amurkawa babban cokali 1 ko 2 na jan sukari suke zubawa, bayan kuma shi kecap ɗin kansa cike yake da sukari. Ni ƙaramin cokali 1 nake sawa, wani lokacin rabi. Amma kada ki ce za ki cire zaƙin gaba ɗaya, na gwada, abin da na samu miyar taliya ce a cikin burodi. Abin da ya sa sloppy joe ya zama sloppy joe shi ne zaƙi da tsami su riƙe juna, ba wanda ya danne wani. Ki ɗanɗana. In zaƙi ya yi yawa ki ɗiga ruwan khal ko lemon tsami, in tsami ya cije ki a gefen harshe ki ƙara ɗan sukari, haka za ki yi ta yi har bakinki ya ce ya isa.

Ki rage wuta, kada ki rufe, minti 10 zuwa 15. Mu kuskurenmu a nan shi ne muna kallonsa a matsayin miya, sai hannu ya tafi wajen ruwa. Ba miya ba ce, ba kuma dambun nama ba ne, tsakiyarsu yake. Ga yadda za ki gane ya yi, ki ja cokali a tsakiyar kaskon kamar kina tsaga hanya. Kun gani? In hanyar ta rufe nan take da saura, in ta tsaya kina hango ƙasan kaskon na ɗan lokaci kafin ta dawo a hankali toh ya yi. In kuma kin sha'afa ya bushe da yawa, ruwa cokali 2 ya gyara shi.

Kafin nan mu koma kan burodi, wanda mutane da yawa ke rainawa. Ki raba shi biyu, ki shafa bota a cikin, ki kifa a wani kasko minti 1 ko 2 har ya yi ruwan zuma. Wannan gashin shi ke hana miyar ratsa burodin, in ba haka ba kafin ki kai loma ta uku ya narke miki a hannu ya zama fate. In babu burodin boga, burodin shayi na yanka ma yana yi, ki dai yanka shi da kauri ki gasa.

Sai haɗawa. Ki ɗebo da babban cokali ki tula a kan rabin ƙasa, ki ɗora na sama ki ɗan danna. Zai zubo ta gefe, ki ƙyale shi, haka ake so. Amurkawa suna ɗora masa yankan kokwamba mai tsami, wasu cuku, a gefe kuma salat ɗin kabeji ko soyayyen dankali. Ni na fi son kabejin a ciki ma ba a gefe ba, saboda ƙaras-ƙaras ɗinsa a kan nama mai laushi. Wannan rabin kilon yana cika burodi 4 in an tula, 6 in na yara ne.

Af, kafin in manta, in kin je arewacin jihar New Jersey kika nemi sloppy joe a shagon sanwici kada ki yi mamaki in aka miƙo miki wani abu daban, su a wajensu burodi ne hawa-hawa da yankakken nama mai sanyi da cuku da kabeji, suna ne kawai ya zo ɗaya.

Ragowar kuma ki bari ya huce ki sa a roba mai murfi, yana kwana 3 zuwa 4 a firji, a firiza kuwa ya yi watanni. Ni da gangan nake ninka shi in yi kilo guda, washegari in ɗumama da ɗan ruwa in zuba a kan farar shinkafa ko taliya, har ya fi na ranar farko daɗi don kayan sun gama shiga jikinsa. Maigidan ma da ya ce shi ba ya cin abincin yara, a kan shinkafar nan ba ya magana.

Toh bari in ja faranti kusa, da tsumma a gefe, don wannan ba a cin sa da fararen kaya. Bismillah.