Gadar Gash a Kassala: me ya sa ruwa ke neman hawa kanta?

A Kassala, birnin da ke gabashin Sudan, akwai wani fili mai yashi. In kun zo Kassala da rani, da ƙafa za ku tsallake shi, yara na ƙwallo a tsakiya, masu karo, wato amalanke, na ɗiban yashi. To, Kogin Gash ke nan. Daga Yuli zuwa Satumba kuwa, ko gwanin iyo ba ya gigin shiga.

Ruwan ba na Kassala ba ne. A tsaunukan Eritiriya yake sauka, inda ake kiran kogin Mareb, ya biyo ta Tasanai ya shigo Sudan. Shi ya sa sai ka ga gari rana tsaka, ba ko gajimare, amma kogi ya tumbatsa.

Ga inda matsalar take. Gash ba ruwa kaɗai yake ɗaukowa ba, laka da yashi yake kwasowa jingim. Da ya bar tudu ya shigo shimfiɗaɗɗiyar ƙasa sai gudunsa ya ragu, ya fara sauke kayansa. Bana ya zuba, baɗi ya ƙara. A haka gindin kogin yake ta tasowa, har a wasu wurare ya ɗara unguwannin da ke gefensa tsayi. Ita kuwa gada tana nan inda aka kafa ta. Sararin da ke ƙarƙashinta kullum raguwa yake, ga ƙafafunta na tare itace da shara. Ruwan da a da zai wuce salin-alin, yau sai ya taru a bayanta yana dukan shingen ƙasar da aka yi wa gari.

A ƙarshen Yulin 2003 shingen ya ɓalle, ruwa ya mamaye unguwanni, dubban gidaje suka rushe. An sake gani a 2007.

Hausawanmu da ke yammacin Gash sun fi kowa sanin darajar kubrin nan, wato gadar. Babbar kasuwa tana gabas, gindin duwatsun Taka. Mai albasa, mai ayaba, direban raksha (keke mai ƙafa uku), da yawansu ta nan suke bi.

Maganin ba ɓoyayye ba ne: a yashe kogin da rani, a gyara shinge tun kafin damina. Sai dai aikin na son manyan injina da man fetur, ga yaƙin da ya ɓarke a Afrilun 2023 ya cika Kassala da 'yan gudun hijira, kuɗin hukuma kuma ya karkata wani wajen.