Lacca kan saka manhajojin masu sa-kai a na'urar wasan Wii ba tare da an lalata ta ba

Assalamu alaikum. Jama'a, abin da za mu tattauna a yau shi ne manhajojin da masu sha'awa suke rubutawa da kansu domin na'urorin wasan bidiyo ba da izinin kamfani ba, kuma zan ɗauki Wii ta kamfanin Nintendo, wadda ta fito a 2006, a matsayin misali.

A 2008 ne wasu masana da ake kira Team Twiizers suka gano cewa idan aka tsawaita sunan dokin da ke cikin wani wasan Zelda fiye da kima, na'urar takan rikice ta karɓi umarnin da ba na kamfani ba. Ta wannan ƙofa Homebrew Channel ta shigo, wato manhajar da ake buɗe sauran manhajojin masu sa-kai ta cikinta. Daga 2011 hanyar da ta fi yaɗuwa ita ce LetterBomb, wadda ke aiki a tsarin Wii mai lamba 4.3: mutum ya zuba fayilolin a katin SD mai tsarin FAT32, sannan ya buɗe allon saƙonni ya nemi jan ambulan mai hoton bam. Manhajar kyauta ce, har ma allon farko yana gargaɗin cewa duk wanda ya biya kuɗi an damfare shi.

Inda nake so ku ba ni hankalinku shi ne abin da ke biyo baya. Ƙwaƙwalwar cikin Wii megabayit 512 ce kacal, kuma a nan ne dukkan tsarin da ke tayar da ita yake, saboda haka idan ya lalace sai ta zama abin da masu harkar ke kira bulo, wato ta kunnu amma ba ta tsinana komai. Don haka da zarar an saka BootMii, wato manhajar kwafe ƙwaƙwalwar da mayar da ita, kafin a taɓa wani abu, sai a kwafe ƙwaƙwalwar gaba ɗaya. Rimot ba ya aiki a allon BootMii. Da maɓallan da ke jikin na'urar ake zaɓi, kuma mutum zai zauna yana kallon ƙananan murabba'ai suna rikiɗa kore ɗaya bayan ɗaya. Fayiloli biyu za su fito, nand.bin da keys.bin, kuma dole a adana su a kwamfuta, domin makullan sirrin kowace na'ura nata ne ita kaɗai, kwafin na maƙwabci ba zai cece ka ba. Bayan haka a saka Priiloader, wadda ke tashi kafin babban allo, ta ba da damar gyara idan an yi kuskure.

Abu biyu sun shafe mu musamman a nan. Yawancin na'urorinmu na hannu ne, wasu daga Amurka, wasu daga Turai ko Japan, kuma ɗora wa na'ura tsarin wani yanki daban yana cikin manyan abubuwan da ke lalata ta, don haka a duba harafin da ke bayan lambar tsarin, U ne na Amurka ko E na Turai ko J na Japan. Na biyu shi ne wuta. Ni kaina na taɓa rasa guda ɗaya saboda an ɗauke wuta ana tsakiyar rubutu a ƙwaƙwalwarta, alhali ban kwafi komai ba, kuma tun daga ranar ban sake yin wannan aiki ba sai a kan inbata mai cikakken caji.