Kotu ta ce a dakata, amma mita ba ta tsaya ba

[Hoto: mita tana ƙifta jar fitila a bangon wata masana'anta]

Ku kalli jar fitilar nan. Duk ƙiftawar da ta yi, kuɗi ne. Ku riƙe ta a rai, za mu dawo kanta.

Tambaya ɗaya ake ta turo mana: ba kotu ta hana ƙarin kuɗin wuta ba? To me ya sa masu masana'antu suka ci gaba da kuka?

Bari mu wuce da sauri ta kan abin da kowa ya sani. A ranar 3 ga Afrilun 2024, hukumar NERC mai kula da harkar lantarki ta ɗaga farashin yunit ɗaya ga masu Band A, wato waɗanda aka yi wa alkawarin wuta aƙalla awa 20 a rana, daga kusan naira 68 zuwa naira 225. Ya haura ninki uku. A watan Mayu aka sassauto shi zuwa naira 206.80.

[Hoto: manyan motoci suna fita daga Sharaɗa da Challawa, unguwannin masana'antu a Kano]

Ƙungiyar masu masana'antu ta MAN da wasu kamfanonin Kano suka garzaya Babbar Kotun Tarayya da ke Kano. Kotu ta umarci NERC da KEDCO, kamfanin raba wuta na yankin Kano, su dakata da aiwatar da sabon farashin a kansu, kada kuma a yi musu barazanar yanke wuta. Labari ya bazu a WhatsApp, jama'a suka ce an kayar da ƙarin.

To nan ne gizo yake saƙar.

Abin da aka bayar umarnin wucin gadi ne. Alƙali bai ce wane ne mai gaskiya ba. Hasali ma a wannan mataki ɓangare ɗaya kawai ya saurara, ɗaya ɓangaren ko bakinsa ba a ji ba tukuna. Kamar mutum biyu ne suna rigima a kan iyakar gona, mai unguwa ya ce kowa ya ajiye fartanyarsa har a tara dattawa. Bai ba kowa gonar ba. Ya hana a yi ɓarna ne kafin a zauna.

[Hoto: narkakkiyar roba tana fitowa daga bakin inji, ana saƙa buhu]

Me ya sa kotu take gaggawar ba da irin wannan umarni? Ku dubi injin nan. Idan wuta ta ɗauke yana tsakiyar aiki, robar da ke cikinsa sai ta daskare. Sai an sake zafafa shi, an zubar da abin da ya lalace, ma'aikata suna zaune, odar mutane tana jira. Idan aka yanke wa kamfani wuta na makonni, ko daga baya ya ci shari'a, abokan cinikinsa sun riga sun koma wani wuri. Irin wannan asara ce kotu take tarewa.

Amma fa ba kyauta ba ne. Wanda ya nemi umarnin yakan ɗauki alkawari a gaban kotu cewa zai biya diyya idan ta bayyana bai cancanci a ba shi ba.

[Hoto: mu koma kan mita]

Ga fitilarmu, tana nan tana ƙiftawa. Mu yi misali: kamfani yana shan yunit 100,000 a wata. Tsakanin naira 68 da naira 206.80 akwai ratar kusan naira 139. A wata ɗaya, kusan naira miliyan 14 ke nan. Wata uku, ta haura miliyan 41. Idan ƙarar ta faɗi, umarnin ya faɗi tare da ita, kamfanin raba wuta kuma zai zo da lissafinsa tun daga ranar farko.

A Legas, a watan Oktoban 2024, Babbar Kotun Tarayya ta yi watsi da ƙarar MAN a kan wannan ƙari. Daga cikin dalilanta, ƙungiyar ta riga malam masallaci: Dokar Lantarki ta 2023 ta tanadi a fara kai ƙorafi gaban NERC kafin a zo kotu.

Ni abin da ya fi damuna shi ne ƙananan masu masana'anta, masu ma'aikata ashirin ko talatin, da suka ji an ce kotu ta hana, suka saki jiki suka zuba rarar kuɗin a kayan aiki. Shawarata, duk wanda yake ƙarƙashin irin wannan umarni ya buɗe asusu daban, ya riƙa ajiye ratar duk wata, kamar ya biya. Ya kuma tambayi lauyansa ranar da za a koma kotu da sharuɗɗan da ke cikin takardar, domin wani lokaci akan ce a ci gaba da biyan tsohon farashi ba tare da fashi ba.

[Hoto: hannu yana rubutu a littafi kusa da ɗakin janareto]

Wannan littafin kuma, kada a raina shi. Ƙarfe nawa wuta ta zo, ƙarfe nawa ta ɗauke, lita nawa na dizal aka ƙona. Wanda yake biyan kuɗin Band A yana da haƙƙin awa 20, kuma ƙa'idar NERC ta ce layin da ya kasa cika alkawarin a sauke shi zuwa rukuni na ƙasa. Ranar da za a je gaban hukuma, wannan rubutun ne zai yi magana.