Sa'a biyu bayan haihuwa: lacca kan zubar jini da haƙƙin mai jego

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Iyayenmu mata, malamai, ungozomomi, ɗalibai, da 'yan uwa maza da ke zaune can baya, barkanmu da warhaka. Maza ku matso kusa, don rabin maganar nan taku ce.

A gidajenmu, da zarar jariri ya faɗo ya yi kuka sai a rangaɗa guɗa, kowa ya koma kansa, wannan na neman reza, wancan na ɗora ruwan zafi. Uwar kuwa an bar ta a gefe, an ce ta sauka lafiya. To a wajen likitan mata, sa'a biyun da ke biye da wannan guɗar su ne mafi haɗari a duk tafiyar ciki. Mace lafiyayya, idan jini ya ɓalle mata ba a tare shi ba, cikin sa'a biyu tana iya cikawa. Zubar jini bayan haihuwa shi ne kan gaba cikin abubuwan da ke kashe masu haihuwa a duniya, kuma binciken lafiya na ƙasa na 2018 ya nuna mata 512 ke rasuwa a Najeriya cikin kowace haihuwa 100,000. A arewa maso yamma, binciken ya nuna ko mace ɗaya cikin biyar ba ta kai ba wadda ke haihuwa a asibiti.

Nawa ne jinin da ya yi yawa? Mililita 500, wato rabin lita, daidai da ledar fiya wata guda. A ido ba wani abu ba ne. Amma jini ba ya taruwa waje ɗaya a gan shi. Zani ya sha, katifa ta sha, wani ya bi ƙasa, wani ya daskare a cikin mahaifa bai fito ba. Shi ya sa ƙiyasin ido ke yaudarar har ƙwararru, kusan rabin matan da suka zubar da jini fiye da kima ba a gane su a kan lokaci idan da ido kawai aka dogara. Kuma mai ƙarancin jini ba ta ma jira ya kai rabin lita. Idan ta zubar da mililita 300 kuma bugun zuciyarta ya haura 100 a minti, ko awon jininta ya faɗi, a fara magani nan take.

Dalilan guda huɗu ne, amma na farko ya rinjayi sauran ukun a haɗe. Inda mabiyiya ta ɓanɓaro daga bangon mahaifa akwai jijiyoyin jini a buɗe, kuma abin da ke rufe su shi ne mahaifar ta dunƙule ta matse su. Idan ta gaji ta saki, sai jini ya yi ta kwarara. Wajen kashi 70 cikin 100 na zubar jini daga nan yake. Mahaifar da ta fi saurin saki ita ce wadda ta sha doguwar naƙuda, ko ta ɗauki tagwaye ko ƙaton jariri, ko ta haihu sau biyar zuwa sama, ko wadda aka ɗura wa allurar naƙuda a kemis ba bisa ƙa'ida ba. Sauran ukun su ne ƙari, wato yagewa, a bakin mahaifa ko a gaba, da guntun mabiyiya da ya maƙale, da jinin da ya ƙi daskarewa. Sai dai ku riƙe wannan: da yawa cikin waɗanda jini ke ɓalle wa ba su da ko ɗaya daga alamomin haɗari tun farko. Wadda ta haifi bakwai a ɗakinta lafiya ƙalau, ba ta da tabbacin na takwas.

Ungozomomi da ke nan, rigakafin kun san shi, amma bari mu maimaita don inda ake kuskure. Cikin minti ɗaya da fitowar jariri, a shafa cikin a tabbatar babu na biyu, sannan a yi allurar oksitosin mai sa mahaifa ta dunƙule, yunit 10, a cinya. Matsalarta ita ce zafi yana kashe ta. Tana son sanyin firji tsakanin digiri 2 zuwa 8, kuma kwalbar da ta yi watanni a kan kanta a zafin bazara tana iya zama ruwa kawai. Sai a yi allura, a ga jini bai tsaya ba, a ce jikin matar ne ba ya jin magani, alhali maganin ne ya mutu. Inda babu firji mai aiki, akwai misoprostol, ƙwaya uku, kowacce maikurogiram 200, a sha bayan jariri ya fito. Bayan, ba kafin ba. Duk wadda ta sha wannan adadin da ɗa a ciki tana iya fasa mahaifarta. Yakan sa rawar sanyi da zazzaɓi na ɗan lokaci, a gaya wa mai jego tun da wuri don kada dangi su ce an ba ta guba.

Kada a ja cibiya da ƙarfi don mabiyiya ta fito. Ko cibiyar ta tsinke, ko mahaifar ta biyo hannu ta juye. Idan minti 30 ya wuce ba ta faɗo ba, lokacin busa kwalba ya ƙare, a nemi mota. Idan ta faɗo, kafin a kai ta binnewa a shimfiɗa ta a haske a duba ko ta cika, ko akwai gefen da ya gutsure. Sannan kowane minti 15, har sa'a biyu, a ɗora hannu ƙasan cibiyar uwar. Mahaifa mai kyau za a ji ta da tauri a dunƙule. Idan an ji ta tuɓus, a murza ta da tafin hannu har ta yi tauri. A sa ta yi fitsari, don cikakkiyar mara tana hana mahaifa matsewa. A ɗora mata jariri a nono. Wannan duka ba ya buƙatar kwabo, kuma kakar yaro ma za ta iya koyonsa a zama ɗaya.

Idan ta fara jiri, ko zufa mai sanyi, ko ƙishirwa mai tsanani, ko ta ce idonta na duhu, ko zani biyu sun jiƙe sharkaf cikin rabin sa'a, wannan ba jinin biki ba ne. Ina so malamanmu mata su riƙa bambance wannan a islamiyya lokacin da suke karantar da babin nifasi. Jinin biki yana raguwa ne a hankali, yana sauya launi. Wanda ke zuba da gudaji ba tsayawa, jinin rai ne. Maganar nan ta "bari dattin ya fita" ta binne mata da yawa. A kwantar da ita, a ɗaga ƙafafunta, a lulluɓe ta, wata ta ci gaba da murza mahaifar har cikin mota. Ba lokacin kunun kanwa ba ne, ba lokacin wankan jego ba ne.

A asibiti kuma aiki ya sauya, kuma da hannun 'yarmu aka sauya shi. A 2023 aka fitar da sakamakon wani babban gwaji mai suna E-MOTIVE da aka yi a asibitoci 80 a Najeriya, Kenya, Tanzaniya da Afirka ta Kudu, kan mata fiye da 200,000. Farfesa Hadiza Galadanci ta Jami'ar Bayero ce ta jagoranci ɓangaren Najeriya. Abin da suka yi ba sabon magani ba ne. Wata leda ce mai aljihu da layukan awo, ana shimfiɗa ta ƙarƙashin mai haihuwa, jinin ya taru a karanta adadinsa. Da ya kai layin, sai a yi komai a lokaci guda cikin minti 15: murza mahaifa, oksitosin, allurar traneksamik mai taimaka wa jini ya daskare, giram 1 ta jijiya a hankali cikin minti 10, ƙarin ruwa, a duba ko akwai ƙari, a kira na gaba idan bai tsaya ba. Da can ɗaya bayan ɗaya ake gwadawa, ana jira a ga ko na farko zai yi, jiran kuwa jini yake ci. Wannan sauyin ya rage mummunar zubar jini da kashi 60 cikin 100. Ita traneksamik tana da wa'adi: cikin sa'a uku da haihuwa take rage mutuwa da kusan kashi ɗaya cikin uku, bayan nan amfaninta ya wuce.

To maza, sa'a ukun nan a hannunku suke. Sau nawa mai jego ke kwance cikin jini ana cewa maigida ya tafi kasuwar ƙauye, wayarsa ba ta shiga, kuma ba wanda zai fitar da ita sai da izininsa? Izinin fita an shar'anta shi ne don tsarin gida. Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, ya ce babu cuta babu cutarwa, kuma malaman fiƙihu sun yi ittifaƙi cewa kare rai yana cikin manyan manufofin shari'a. Imam Malik ya ruwaito cewa macen da ta rasu wajen haihuwa shahida ce. Wannan bushara ce gare ta. Wanda ya yi sakaci da ita kuwa, hisabinsa daban. Mafita mai sauƙi: tun cikin na wata bakwai, ka faɗa a gaban mahaifiyarka da matan gidan cewa ko ba ka nan a kai ta. Ka ajiye kuɗin mota a hannunta, ba a aljihunka ba. Ka yi magana da direba ɗaya da zai ɗauki waya ƙarfe biyun dare. Ka san rukunin jininta, ka tanadi mutum biyu da za su bayar. Kada ku manta dokar lafiya ta ƙasa ta 2014, sashe na 20, ta hana kowane asibiti ƙin karɓar mai larurar gaggawa bisa kowane dalili.

Akwai masu cewa ba sa son namiji ya duba matarsu. Lalura ta halatta hakan idan babu mace, amma koken yana da tushe, kuma maganinsa yana gidanku. Wanda ya cire 'yarsa daga makaranta a aji uku na sakandare, gobe ya zo yana tambayar ina likita mace, daga ina za ta fito? Imam Gazali ya lissafa likitanci cikin farillan kifaya. Rufaida al-Aslamiyya tantinta a masallacin Annabi yake, kuma can aka kwantar da Sa'adu bin Mu'azu da ya ji rauni a yaƙin Khandaƙ. Yau abin da ake nema a wajen yarinya don shiga karatun aikin lafiya kiredit biyar ne: Turanci, lissafi, bayoloji, kemistiri da fizik. Shirin Women for Health na horar da mata ma'aikatan lafiya da ya yi aiki daga 2012 a Kano, Katsina, Jigawa, Zamfara da Yobe ya nuna cewa 'yan matan karkara, har da masu aure da goyo, suna iya cin jarrabawar idan aka ba su shekarar share fage da wurin renon yara. Wadda garinsu ya tura ta, ita ce ke komawa ta zauna. Baƙuwa kuwa wata shida ta nemi canjin wurin aiki.

An miƙo takarda ana tambaya: mai ciki me za ta yi tun yanzu? Ta je awo, Hukumar Lafiya ta Duniya tun 2016 ta ce sau takwas. Ta nemi a gaya mata adadin jininta, kada ta yarda da "ba komai" kawai. Idan PCV, wato awon yawan jini, ya gaza 33 tana da ƙarancin jini. Ta sha ƙwayar ƙarin jini da folik asid kullum, ba tare da shayi ba don yana hana ta shiga jiki, kuma baƙin bayan gida da take sawa ba illa ba ne. Ta karɓi Fansidar ta rigakafin zazzaɓin cizon sauro daga wata na huɗu, aƙalla sau uku, da tazarar wata guda. Wadda ta taɓa zubar da jini a haihuwar baya, ko aka taɓa yi mata aiki, ta faɗa a ranar awon farko, a rubuta a katinta, kuma ta haihu a asibitin da ke da ma'ajiyar jini.